Me Ake Nufi da "Ƙarƙashin Jijiya" a Ilimin Jikin Dabbobi?

Idan aka kwantar da tana a faranti mai daɓen kaki, aka kafe ta da allurai, aka tsaga fatar bayanta a tsaye, abin da ido zai fara cin karo da shi hanji ne, dogo, cike da ƙasar da ta haɗiya, da wani jan zare kwance a gadon bayansa. Sai a zuba ruwa ya sha kanta don kayan ciki su taso su rabu da juna, a janye hanjin gefe a hankali. Can ƙasa, manne da bangon ciki, akwai farin zare mai ƙulli-ƙulli, kowace gaɓa da ƙullinta. Wannan ita ce babbar jijiyar tana, wadda ke yi mata aikin da laka ke yi mana. Yawancin ɗalibai a nan suke ajiye allura su ɗauki fensir. Amma wanda ya daure ya sa tsinin allura ya ɗan ɗaga farin zaren, zai tarar da wani kuma a ƙasansa, ja, siriri kamar silin gashi, ya bi shi sau da ƙafa har wutsiya.

A littattafan ilimin dabbobi ana kiran wannan siririn zare jijiyar jini ta *subneural*. Kalmar gida biyu ce aka ɗinke. *Sub* Latin ce, ma'anarta ƙarƙashi. *Neural* kuma daga *neuron* ta Girkanci take, wato jijiya. In an haɗa sai a sami "na ƙarƙashin jijiya", kuma iyakar abin da kalmar ta faɗa ke nan. Kwatance ce irin wanda ake yi wa baƙo, a ce masa gidan da ke bayan rijiya. Wa ke cikin gidan, mece ce sana'arsa, kwatancen bai shiga nan ba. Tana da 'yar'uwa, *hyponeural*, wadda daga kai har ƙafa Girkanci ce, tunda *hypo* ma ƙarƙashi take nufi. Kishiyoyinsu su ne *supraneural* da *epineural*, wato na saman jijiya.

Kafin a yi nisa sai an warware wani ƙulli da ke cikin harshenmu. A Hausa jijiya ɗaya ce tak: wadda ake soka wa allura a ɗebi jini jijiya ce, wadda ke kai saƙo daga ƙwaƙwalwa jijiya ce, farar igiyar nan mai tauri da ke ɗaure tsoka da ƙashi, irin agara, ita ma a bakin mutane da yawa jijiya ce. In ka ce "jijiyar ƙarƙashin jijiya" mai sauraro zai zaci baki ne ya suɓuce. Abin da zai ba mutum mamaki shi ne Girkawan ma haka suka fara. *Neuron* a tsohon Girkanci agara take nufi, har tsirkiyar baka da ita ake kira, kuma a wannan ma'anar Aristotil ya yi amfani da ita. Sai a ƙarni na 3 kafin Miladiyya, a Iskandariyya ta Masar, wani likita mai suna Hirofilus ya feɗe gawarwakin mutane ya nuna cewa cikin fararen igiyoyin nan akwai waɗanda asalinsu daga ƙwaƙwalwa da laka yake, wasu na kawo ji, wasu na kai umarnin motsi. Jalinusu, likitan da ya yi zamani a Rum a ƙarni na 2, ya ƙara tabbatar da haka ta hanyar yanke su a jikin dabbobi masu rai yana duba abin da zai shanye. Daga nan kalmar ta yi ta tsukewa har ta tsaya kan jijiyar saƙo kaɗai. Don haka a wannan rubutu zan riƙa cewa jijiyar saƙo da jijiyar jini, kuma duk inda aka ce "ƙarƙashin jijiya", ta saƙon ake nufi.

To, me jan zaren yake yi a can? Tana ba ta da huhu, da fatarta take numfashi, shi ya sa in ta bushe sai ta mutu. Jininta ja ne saboda akwai himogulobin a cikinsa, wato sinadarin da ke ɗaukar iska a jini, sai dai nata narke yake a ruwan jinin, ba a cikin ƙwayoyi yake ba kamar namu. Babbar jijiyar jinin da ke saman hanji ita ce mai bugawa, tana tura jini zuwa gaba. A tanar Turai da aka fi koyarwa da ita akwai madaukai biyar-biyar a gefe da gefe, daga gaɓa ta 7 zuwa ta 11, waɗanda ke sauko da jinin zuwa wata jijiyar da ke tsakanin hanji da farin zaren, ita kuma ta rarraba shi baya. Ta ƙarƙashin jijiyar saƙo ita ce ta uku, kuma ita ce ƙarama. Jini na tafiya baya a cikinta, tana da alaƙa da bangon jiki inda iska ke shiga, kuma a gaɓa bayan gaɓa wasu rassa na tashi daga gare ta su zagaya su mai da jinin ga babbar ta sama. In aka yanka tanar a kwance aka duba yankan a madubin ƙara girma, hoton yana da kyawun gani: jijiyar saƙo a tsakiya, manyan zaruruwa uku a samanta (su ne ke sa tana ta ƙanƙance farat ɗaya in an taɓa ta), 'yan jijiyoyin jini biyu a dama da hagu, ɗaya kuma a ƙasa. Ba kowace tana ke da ta ƙasan ba. Masu rarrabe jinsin tana suna duba samuwarta ko rashinta a matsayin alama.

A sauran dabbobi marasa ƙashin baya, zaman jijiyar jini da ta saƙo kowa da salonsa. A lobsta, wata 'yar'uwar kaguwa ta teku, da danginta, wata jijiya na saukowa daga zuciya, ta ratsa ta tsakanin igiyoyi biyu na jijiyar saƙo kamar zare a kafar allura, sannan ta rabu gaba da baya a ƙasansu. Ita ma ana ce mata ta ƙarƙashin jijiya. A kunama kuwa bisa jijiyar saƙon take kwance, don haka sunanta ya koma ta sama. Matsattsaku ya ƙi duka biyun, tasa jijiyar saƙon a cikin magudanar jinin take kwance tsundum.

Yanzu ga inda maganar ta fara tsami. Ina ne ƙasa?

Ga tana amsar mai sauƙi ce, ƙasa shi ne ɓangaren ciki, wanda take jan jiki a kansa. Amma ka dubi tsarinta daga sama zuwa ƙasa: mai buga jini, sai hanji, sai jijiyar saƙo. Haka fara take, haka kyankyaso, haka kaguwa. Ka dubi kifi ko akuya kuma: laka a sama, hanji a tsakiya, zuciya a ɓangaren ciki. Tsari ɗaya ne aka kife. Wani masani Bafaranshe, Etienne Geoffroy Saint-Hilaire, ya lura da haka a 1822. Ya kwantar da lobsta rigingine ya ce to ku duba, ga jijiya ta koma sama, zuciya ta koma ƙasa, tamkar dabba mai ƙashin baya. A ganinsa tsarin jikin dabbobi guda ne, bambancin kawai wane gefe dabba ta juya wa rana. Georges Cuvier, wanda ya fi shi faɗa a ji a Faris, ya raba dabbobi gida huɗu da ba sa haɗa hanya, kuma a 1830 suka yi ta kai ruwa rana a gaban Majalisar Kimiyya ta Faransa kan ko tsarin ɗaya ne ko ba ɗaya ba. Mutanen zamanin galibi sun ba Cuvier gaskiya, maganar lobsta ta zama abin ba'a.

Sai da aka shafe fiye da shekara 160 kafin ta dawo. A shekarun 1990 masu nazarin ɗan tayi suka gano cewa wasu ƙwayoyin gado biyu masu hamayya da juna ne ke tsara baya da ciki. Inda ɗaya ya yi ƙarfi fata ce ke fitowa, inda ɗayan ya danne shi nan jijiya ke tsira. A ƙudan 'ya'yan itace mai dannewar yana ɓangaren ciki, a kwaɗo yana ɓangaren baya. A 1995 aka gwada saka na ƙuda a ƙwan kwaɗo, na kwaɗo a ƙwan ƙuda, kowanne ya yi aikin ɗan'uwansa. Har yau masana na jayayya kan ko jijiyar tana da lakarmu gadon kaka ɗaya ne, ko kuwa kowace ta tsiro ne daban a kan tsohon harsashi guda. Amma batun kifewar ya daina zama abin dariya.

Abin da wannan ke nufi ga kalmarmu a fili yake. A tana, abin da ke ƙarƙashin jijiya yana tsakanin jijiyar da fatar ciki, nesa da hanji. A kifi, abin da ke ƙarƙashin laka yana tsakanin lakar da hanji. Kalma ɗaya, amma a wannan tana nuna waje, a wancan tana nuna ciki. Mutum kuma ya zo ya ƙara dagula lissafi da ya miƙe tsaye, abin da yake ƙasa a jikin akuya ya zama gaba a jikinsa. Dalilin da ya sa masana suka fi son *dorsal* da *ventral* ke nan, wato ɓangaren baya da ɓangaren ciki, domin su ba ruwansu da yadda dabba ta kwanta ko ta tsaya.

A jikinmu, babban abin da ya taɓa zama ƙarƙashin jijiya ba a ma kiransa da wannan suna. Sanda ce mai lanƙwasuwa da ake kira notokod, wadda ke bayyana a mako na 3 na ciki, tun ɗan tayi bai kai ƙwayar shinkafa ba. Ita ce ke aika sinadari sama ta gaya wa bututun laka ga ƙasanka, a nan za ka fitar da jijiyoyin motsi. Daga baya ƙashin baya ya ginu a kewayenta ya cinye ta, sai ɗan abin da ya rage mai kama da kitse a tsakiyar faifan da ke tsakanin gaɓoɓin baya. Wanda likita ya ce wa faifan bayansa ya zame yana danne jijiya, wannan ragowar ce ta ɓullo.

Tauraron teku ya fi kowa rikita kwatance, don ba shi da gaba ko baya irin wanda muka sani. Hannuwa biyar ne, baki a tsakiya yana kallon ƙasa. A ƙasan kowane hannu akwai kwarmi, jijiyar saƙo na bin kwarmin, kuma hawa biyu ce: na waje mai kauri wanda ke haɗe da fata, da na ciki siriri wanda galibin aikinsa umartar tsoka ne. Na cikin shi ake kira *hyponeural*. Amma ka tuna dabbar a kife take zaune kan dutse. Ke nan abin da aka kira na ƙarƙashi shi ne yake sama, ta wajen sararin ruwa. "Ƙarƙashi" a nan zurfi take nufi, wato in ka shigo daga fata, shi za ka tarar daga baya. Mai feɗewa ya juya dabbar rigingine a kan teburinsa, ya raɗa suna bisa abin da idonsa ya gani, sunan kuma ya zauna.

Duk da haka ina ganin masu raɗa suna da wuri sun fi masu raɗa suna da aiki tsira daga kunya. Mai feɗewa yana ganin inda abu yake tun ranar farko, amma aikinsa sai a yi ƙarni ba a sani ba. Misali gilan ɗin nan, wato ƙullutu mai fitar da sinadari, da ke rataye ƙarƙashin ƙwaƙwalwarmu, mai girman ƙwayar wake, wanda ke juya akalar girma da haihuwa da shayarwa. Sunansa fituwitari daga kalmar Latin ta majina ya fito, saboda tun zamanin Jalinusu an ɗauka ta nan ƙwaƙwalwa ke tsiyayar da majina zuwa hanci. Suna ya zauna, ma'ana ta zama ƙarya. Ɗaya sunan nasa, *hypophysis*, wato tsiron ƙasa, wuri kawai ya faɗa, kuma har gobe gaskiya ne.

Amma ko sunan wuri yakan ci amana, kuma mafi shaharar abin da ke ɗauke da kalmar tamu shi ne shaida. Akwai wasu halittun teku da ake kira asidiya. In ka gan su manne a jikin dutse ko gindin jirgi sai ka rantse tsiro ne: 'yar jaka ce mai baki biyu, ruwa na shiga ta ɗaya yana fita ta ɗayan, in ka matsa ta tsarto maka ruwa. Rigar da ke lulluɓe da ita ma da selulos aka yi ta, sinadarin da aka sani a jikin itace. An daɗe ana lissafa su cikin dangin kawa da dodon koɗi, sai a 1866 wani Barashe, Alexander Kowalevsky, ya bi ƙwansu tun daga farko ya ga abin da ke ƙyanƙyashewa yana kama da ɗan kwaɗo mai wutsiya, da notokod a cikin wutsiyar, da bututun jijiya a samanta. Ashe 'yan'uwanmu ne. Ɗan yakan yi iyo na ɗan lokaci ba ci ba sha, ya manna kansa a dutse, ya shanye wutsiyar, ya zama jaka. Binciken ƙwayoyin gado da aka buga a 2006 ya nuna cewa cikin duk marasa ƙashin baya, danginsu ne suka fi kusa da mu.

Tsakanin bakunan jakar biyu akwai ɗan ƙullin jijiya, shi ne matsayin ƙwaƙwalwarta. Manne da shi akwai wani ƙullutu mai laushi, da siririn bututu da ke buɗewa cikin maƙogwaro ta wani mazurari mai gashi-gashi. A jinsunan da aka fi sani ƙullutun yana ƙasan ƙullin jijiyar, don haka aka ce masa gilan na ƙarƙashin jijiya. Da aka faɗaɗa bincike sai ga wani babban reshe na asidiya da nasu yake a sama. Abu ɗaya ne, asali ɗaya, amma sunan ya dace da wasu ya saɓa wa wasu. Shi ya sa marubutan baya suka yar da *sub* ɗin, suke cewa gilan na jijiya kawai, ko da yake tsohon sunan na nan a littattafan makaranta.

Kuma sunan bai tsaya a kwatance ba, ya ja tunani. A 1881 wani masani ɗan Beljiyam, Charles Julin, ya ce wannan ƙullutu shi ne kakan fituwitari ɗinmu. Hujjarsa ba ta banza ba ce. Ga gilan ƙarƙashin ƙwaƙwalwa, ga shi da hanya zuwa baki, kuma tun 1838 Martin Rathke ya nuna cewa rabin fituwitari na gaba daga rufin bakin ɗan tayi yake tsirowa. Fiye da shekara ɗari ana neman tabbacin wannan dangantaka. Amma kama da wane ba wane ba ce. Binciken da Edward Ruppert ya buga a 1990 ya nuna gashin mazurarin ciki yake kaɗa ruwa: ruwan teku ke bi ta bututun ya shiga ƙullutun ya wuce cikin jini, abin da ke nuna aikinsa ya shafi daidaita yawan ruwan jinin dabbar. A ɗaya gefen kuma, an sami wasu ƙwayoyin gado da ke aiki wajen ginin fituwitari suna aiki a yankin bututun. Magana ba ta mutu ba. Ni dai abin da na ɗauka shi ne, maƙwabtaka da ƙwaƙwalwa ita ta fara sa aka yi zargin dangantakar, kuma maƙwabtaka ita ce hujja mafi rauni cikin duk waɗanda aka kawo.

Mai karatu zai iya tambaya, ba a da hukumar da ke tsara waɗannan sunaye? Akwai, amma rabin aikin ta yi. A 1895 masana suka taru a Basel ta Suwizalan suka tace sunayen sassan jikin mutum daga wajen 50,000 zuwa kimanin 5,500, aka yi ta gyara har aka fitar da sabon jeri a 1998. Likitocin dabbobi suka fitar da nasu a 1968, na dabbobin gida. Tana da asidiya da tauraron teku ba sa cikin ko ɗaya. Masu nazarin kowane dangi sun gaji kalmominsu daga malamansu, shi ya sa siffa guda ke yawo daga jijiyar jini zuwa gilan zuwa wani abin da ba ya kama da ko ɗayansu.

Wannan na ƙarshen a jikinmu yake, da jikin duk dabba mai ƙashin baya, kuma shi ne ya fi shafar rayuwar mutum. Inda jijiyar motsi ta isa ga tsoka ba ta shiga cikinta. Takan rarrabu ta kwanta a wani ɗan kwarmi a jikin zaren tsokar, da tazara tsakaninsu ta kusan nanomita 50. Sai ka tsaga silin gashi fiye da gida dubu kafin ka sami wannan faɗin. A shekarun 1940 wani masani a Faris, René Couteaux, ya rina wurin ya duba a madubi, ya ga wasu 'yan layuka jere reras ƙarƙashin bakin jijiyar, kamar haƙoran mataji, kuma ya gane cewa a ɓangaren tsoka suke. Ya kira su kayan ƙarƙashin jijiya. Da madubi mai aiki da lantarki ya zo a tsakiyar shekarun 1950, sai aka ga layukan ninki ne: tantanin tsoka ya nannaɗe ya yi tudu da kwari, kamar kunyoyin gona.

Tsarin kunyoyin nan abin a tsaya a duba ne. Idan saƙo ya iso, bakin jijiya yakan zubo wani sinadari, asetilkolin. A kan tudun kowace kunya, daidai saitin inda sinadarin ke fitowa, an cusa makarɓansa, wajen 10,000 a kowane murabba'in maikiromita (maikiromita kashi ɗaya ne cikin dubu na milimita). A cikin kwarin kuma an jera ƙofofin sodiyam, waɗanda su ne ke tayar da wutar da ke bin zaren tsoka ta sa shi ya tsuke. Wato tudu ya karɓi saƙo, kwari ya ƙara masa ƙarfi. Cikin tazarar kuma, har can cikin ninkin, akwai wani enzayim, wato sinadari mai sarrafa wasu sinadarai, da ke farfasa asetilkolin ɗin, dubbai a daƙiƙa guda, don tsoka ta saki ta jira saƙo na gaba. Duk wannan bai kai ƙiftawar ido ba. Bakin jijiyar mutum ƙarami ne in an gwada da na kwaɗo, sinadarin da yake zubarwa kaɗan ne, amma ninkin namu ya fi zurfi da yawa, shi ke cike giɓin.

A nan "ƙarƙashi" ba ta da alaƙa da baya ko ciki ko zurfi daga fata. Tsokar fatar ido da ta tafin ƙafa duk ɗaya ne, abin da ake nufi shi ne ƙetaren tazarar, ɓangaren da ke karɓa.

Guba iri-iri wannan ɗan fili suke nema. Kurare, dafin da mafarautan Kudancin Amurka ke shafa wa kibiya, yana zama kan makarɓan ya toshe su. Tun tsakiyar ƙarni na 19 Claude Bernard ya nuna a jikin kwaɗo cewa bayan dafin jijiya na nan lafiya, tsoka ma in an taɓa ta kai tsaye tana motsi, saƙon ne kawai ba ya ƙetarawa. Dafin wasu macizai dangin kumurci haka yake yi, kuma wani da aka ware a 1963 daga macijin Taiwan mai zobba baƙi da fari yana kama makarɓan kam, har masana suka mai da shi abin ƙidayarsu. Magungunan feshin ƙwari dangin oganofosfet kuwa enzayim ɗin suke kashewa, sinadari ya taru ba mai kwashewa, tsoka ta yi ta karkarwa har ta gaza, numfashi ya tsaya.

Akwai kuma ciwon da jiki ke yi wa kansa, mayasteniya. Garkuwar jiki ce ke juyowa ta far wa makarɓan. In aka duba tsokar mai ciwon a madubi za a ga kunyoyin sun baje, kwarin ya cike, tazarar ta ƙara faɗi. Mai ciwon yakan tashi da safe garau, zuwa yamma fatar ido ta fara saukowa, abu ɗaya ya zama biyu a idonsa, tauna ta gagara kafin a gama cin abinci. An tabbatar da hannun garkuwar jiki a 1973, lokacin da Jim Patrick da Jon Lindstrom suka yi wa zomaye allurar makarɓan da aka ciro daga kifi mai lantarki, zomayen suka kwanta da irin wannan kasala. Amma magani ya riga bayani zuwa. A 1934 wata likita a Landan, Mary Walker, ta lura cewa alamun ciwon sun yi kama da na wanda kurare ya kama. Da yake an san fisostigmin yana karya kurare, ta hanyar rage wa enzayim ɗin hanzari don sinadari ya ɗan daɗe a tazarar, sai ta yi wa wata majinyaciya allurarsa. Fatar idon matar ta ɗaga, ta iya haɗiya, na 'yan sa'o'i. Dangin wannan magani, firidostigmin, shi ake ba masu ciwon har yau.